Kura da Shan Bugu, Gardi da Karɓar Kuɗi: Rawar Lindi da Zauren Savoy na Harlem

A shekarata ta ƙarshe a jami'a, wani dare da aka ɗauke wuta a ɗakin kwanan ɗalibai, muka taru mu huɗu a kan wayar wani abokin karatuna muna kallon guntun wani tsohon fim ɗin Amurka mai launin baƙi da fari. Baƙaƙen fata ne su takwas, maza huɗu mata huɗu, suna wata irin rawa da ido ba ya iya bin ƙafafunsu. Namiji ya cilla mace ta bayansa, ta dira daidai kan kiɗa kamar ba ta taɓa barin ƙasa ba. Abokaina suka yi ta shewa suna maimaitawa. Ni kuwa wani abu daban ne ya tsaya mini a rai, wato tufafinsu. Wannan da rigar kuku, waccan da ɗan kwalin 'yar aikin gida, wancan da kayan lebura. Na ce to, mutanen da suka iya abin da babu wanda ya iya a duk faɗin fim ɗin, me ya sa sai da aka sa musu kayan barori kafin a bar su su nuna shi?

Daga baya na gano sunan fim ɗin Hellzapoppin', an yi shi a 1941, rawar kuma sunanta Lindi. Da aka zo jera sunayen 'yan wasa, ba a ambaci ko ɗaya daga cikin takwas ɗin da sunansa ba, sunan ƙungiya kawai aka rubuta. Kuma a wancan zamani akan shirya irin wannan fitowa ta baƙaƙen fata ba tare da an ɗaure ta da jigon labari ba, domin gidajen silima na kudancin ƙasar su iya yanke ta ba tare da fim ya lalace ba.

Ya kamata in faɗi matsayina tun yanzu. Na tashi a gidan da ba a ɗauki rawar namiji da mace hannu da hannu abin yi ba, kuma ban zo nan don in yi mata lauya ba. Amma ɗalibin tarihi ba ya tsallake abin da miliyoyin mutane suka ba darensu da guminsu don kawai shi ba ya yi. Tambayoyin da suka dame ni su ne: wa ya yi rawar, wa ya hana, wa kuma ya kwashi kuɗin?

Ƙyamar rawa ta girmi ƙasar Amurka kanta. Tun a 1684 wani babban limamin Kirista na birnin Boston, Increase Mather, ya wallafa ɗan littafi da ya kira kibiya a kan rawar cuɗanyar maza da mata. A kudu kuwa, inda bayi ke noman shinkafa da taba, damuwar masu mulki ba ta tarbiyya ba ce, ta tsoro ce. Bayan boren bayi na Stono a 1739, hukumar Karolina ta Kudu ta kafa doka a 1740 da ta haramta wa bayi ganga da ƙaho, don an lura ganga tana iya kiran mutane su taru. Mu da muka san aikin tambari da kalangu ba ma buƙatar a yi mana bayanin wannan. Sai dai wanda aka ƙwace wa ganga ba a ƙwace masa tafi da diddige da cinya ba. Kiɗan ya sauko daga fatar ganga ya koma jikin mutum, kuma daga nan ne salon rawar baƙaƙen Amurka ya samo gwiwa a lanƙwashe, da ƙafa mai magana da ƙasa, da al'adar a yi da'ira mutum ɗaya ya fito tsakiya ya nuna abin da ya ƙirƙiro. A New Orleans, inda hukuma ta keɓe wa bayi fili guda su taru ranar Lahadi, wani mai zanen gine-gine, Benjamin Latrobe, ya ga mutum ɗari biyar zuwa shida suna rawa a da'irori a 1819, har ya zana wani abin kiɗa na ƙwarya mai tsirkiya. Duk wanda ya san gurmi da molo, idan ya ga kakannin banjo zai ce ga 'yan uwa.

Abin da ya fi ba ni dariya, ya kuma fi ba ni tausayi, shi ne rawar kek. Bayi sukan leƙa ta taga su ga iyayen gijinsu suna taku cikin ƙasaita a zauren liyafa, ƙirji a gaba, hanci a sama. Sai su koma bukkokinsu su kwaikwayi takun da ƙari, suna yi musu ba'a. Iyayen gijin ba su gane da su ake ba, har suka riƙa shirya gasa suna ba wanda ya fi iyawa kyautar kek. Bayan haka fararen 'yan wasa masu shafa baƙin gawayi a fuska suka ɗauki rawar suka kai dandamali suna yi wa baƙaƙe ba'a da ita, ba su san suna kwaikwayon kwaikwayon kansu ba ne. Irin wannan wasa na shafa baƙi shi ne nishaɗin da ya fi kowane kasuwa a Amurka a tsakiyar ƙarni na 19, kuma sunan wani ƙagaggen mutum da ake kwaikwaya a cikinsa, Jim Crow, shi ya zama laƙabin dokokin wariyar launin fata na kudu. Da wuya a sami wata ƙasa da ta raɗa wa dokokin zaluncinta suna daga rawa.

Da ƙarni na 20 ya kama, sai wani sabon abu ya shigo, wato albashi a hannun 'yan mata. Birane sun cika da 'ya'yan baƙin haure daga Italiya da gabashin Turai, suna ɗinki a masana'antu awa goma a yini, kwana shida a mako, su koma ɗakunan haya da babu wurin miƙe ƙafa. Wajen 1910 akwai gidajen rawa fiye da 500 a Niyok kaɗai. Raye-rayen da suka yi tashe a lokacin, irin su takun talotalo da rungumar zomo, asalinsu daga mashayun baƙaƙe ne, kuma suna sa namiji da mace su manne fiye da yadda aka saba. Malaman coci suka yi ca, ƙungiyoyin gyaran tarbiyya suka matsa har aka fara yi wa gidajen rawa lasisi. Duk da haka masu kuɗi ma suna so su taka, kunya ce kawai ta hana su.

Waɗanda suka cire musu kunyar su ne Vernon da Irene Castle, miji da mata, farare, masu kyan sutura. Suka ɗauki waɗannan raye-raye suka wanke su, suka hana kaɗa kafaɗa da murguɗa ƙugu, suka buɗe makaranta suna karɓar kuɗi mai tsoka. Makaɗinsu kuwa baƙar fata ne, James Reese Europe, kuma a wajensa suka ji kiɗan W. C. Handy mai tafiyar hawainiya wanda suka gina rawar fokstirot a kansa. Adalci ne a ce Castle da matarsa sun riƙe Europe da daraja, sun dage sai da makaɗansa za su fito, abin da ba kowa zai yi ba a 1914. Amma tsarin da aka aza a nan shi ya yi ta maimaituwa: a ƙirƙira a unguwar talakawa, a la'anta, a wanke, a sayar.

Harlem kuwa a wannan tsakanin tana cika da baƙaƙen da suka gudo daga kudu, suna tsere wa gonar auduga da igiyar rataya. Unguwar ta yi suna da kiɗa, amma fitaccen gidan wasanta, Cotton Club, baƙi ne ke kiɗa da rawa a dandamali, farare kaɗai ke zama a kujera. Manyan zaurukan tsakiyar birni irin su Roseland ba sa barin baƙar fata ya taka daɓensu. A cikin wannan hali aka buɗe Savoy ranar 12 ga Maris, 1926, a titin Lenox, tsakanin layi na 140 da na 141. Masu jarin farare ne, Moe Gale da Jay Faggen, manajan kuwa baƙar fata, Charles Buchanan. Zauren ya cinye tsawon layi guda cur, da dandamalin makaɗa biyu gefe da gefe, ta yadda kafin wannan ƙungiya ta ajiye ƙaho waccan ta ɗauka, kiɗa ba ya yankewa. Daɓen na katako ne, kuma saboda yawan ƙafafun da ke goge shi, duk bayan kamar shekara uku sai an sake shi. Kuɗin shiga bai kai dala ɗaya ba. Babban abin shi ne babu wanda ake korar sa a ƙofa saboda launinsa.

Akwai wani ɗan ƙaramin bayani da na fi so a duk tarihin zauren. Ranar Alhamis ita ce ranar hutun mafi yawan matan da ke aikatau a gidajen farare, saboda haka Savoy ta ware musu daren Alhamis. A yi tunanin mace da ta shafe kwana shida tana wanke tukwanen wasu, ana kiran ta da sunanta tsirara ko da ta haifi mai kiran, tana shiga ta ƙofar baya. Daren nan guda sai ta sa rigarta mafi kyau, ta hau matakalar marmara, mai gadi cikin kwat ya rusuna mata, makaɗa goma sha wani abu su yi mata kiɗa. Jikin da aka yi hayar sa duk mako ya dawo hannun mai shi na 'yan awoyi. Idan aka ce hutu, mai kuɗi yana jin kwanciya ne, amma ga wannan mata hutu shi ne ta gajiyar da kanta da abin da ita ta zaɓa. Wanda bai fahimci wannan ba zai yi ta mamakin yadda mutanen da suka wuni a tsaye suke kwana suna tsalle.

A wannan daɓe Lindi ta girma. Tana farawa ne kamar rawar Turawa, namiji riƙe da mace, sai can ya sake ta, su rage hannu ɗaya kawai a haɗe, kowa ya yi abin da ƙafarsa ta raya masa, sannan su sake haɗuwa kan kiɗa. Riƙon na Turai ne, sakin kuwa na waccan tsohuwar da'ira ce ta bayi. Labarin da ake bayarwa shi ne wani gwani gajere, George Snowden, shi ya raɗa mata suna a 1928 a wajen wata gasar juriyar rawa, da wani ɗan jarida ya tambaye shi me yake yi, ya jingina ta da Lindbergh, matuƙin jirgin saman da ya tsallake Tekun Atlantika shi kaɗai a 1927. Gwanaye suna da kusurwarsu a zauren, inda ba kowa ke da ƙarfin halin shiga ba. A nan ne wani saurayi mai suna Frankie Manning, wajen 1935, shi da abokiyar rawarsa Frieda Washington, suka fara cilla mace ta sama cikin kiɗa, abin da na gani a wayar abokina shekaru tamanin bayan haka. Wani tsohon ɗan dambe kuma mai gadin zauren, Herbert White, ya tattara waɗannan yara ya yi ƙungiya, ya kai su Hollywood da Turai. Shi ma baƙi ne, kuma ta hannunsa kuɗin kwangila ke bi kafin ya iso ga masu tsallen. Gardi ba lallai sai ya zama bare ba.

Daren 11 ga Mayu, 1937, aka yi karon da har yau ake labarinsa. Sarkin kiɗan gidan shi ne Chick Webb, ɗan ƙaramin mutum da tarin fuka ya lanƙwasa wa ƙashin baya, mai ganga, wanda Ella Fitzgerald ke yi wa waƙa. Aka gayyato Benny Goodman, farar fata, wanda jaridu da rediyo suka naɗa sarkin wannan salon kiɗa na ƙasa baki ɗaya. Mutum kusan dubu huɗu suka cika zauren, wasu dubbai suka tsaya a titi. Duk wanda ya ba da labarin daren ya ce Webb ne ya yi nasara, har mai gangar Goodman, Gene Krupa, ya sunkuya ya gaishe shi. Washegari kuwa Goodman yana nan a sarautarsa, da shirinsa na rediyo da kuɗinsa. Ba na so in zalunce shi: yana cikin farare na farko da suka fito fili da makaɗa baƙaƙe a ƙungiyarsu, kamar Teddy Wilson da Lionel Hampton, kuma bai ɓoye cewa tsarin kiɗansa daga Fletcher Henderson ya saya ba. Matsalar ta fi ƙarfin halin mutum ɗaya. Kiɗan da ya fi ɗaukaka sunan Savoy, Edgar Sampson ne ya tsara shi, mai busa a ƙungiyar Webb, amma a takardar mallaka an ƙara sunan Goodman da na Webb shi kansa. Webb ya rasu a 1939 yana da ƙuruciya.

Shekarar da ta fi tona asirin lamarin ita ce 1943. A watan Afrilu, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu, hukumar birnin ta garƙame Savoy bisa zargin karuwanci da cewa sojoji suna kwaso cutar sanyi a wurin. Shugabannin Harlem, irin su Adam Clayton Powell ƙarami da Walter White na ƙungiyar kare haƙƙin baƙaƙe, suka ce ƙarya ce, laifin zauren shi ne fari da baƙi suna rawa tare, alhali ga wuraren tsakiyar birni da suka fi shi ƙazanta ba a taɓa su ba. Wata shida ƙofar tana kulle. A cikin waɗannan watanni, a Agusta, tarzoma ta ɓarke a Harlem bayan wani ɗan sanda fari ya harbi soja baƙi. A cikin wannan Agustan dai mujallar Life ta fito da Lindi a bangonta, tana shelar cewa ita ce rawar gargajiyar Amurka ta gaskiya. Hoton bangon na wasu farare biyu ne. Gwanayen Savoy, Leon James da Willa Mae Ricker, sai an buɗe ciki ake ganin su. Ƙasa ta karɓi ɗa ta sa masa sunanta a daidai lokacin da ta kulle ɗakin da aka haife shi.

Malaman rawa da suka yi shekaru suna cewa wannan haukan ba zai wuce damina ɗaya ba, suka sassauta ta suka sa a manhajarsu. Arthur Murray, wanda ya yi koyo a wajen su Castle, ya fara da sayar da zanen sawun ƙafa ta gidan waya, ya ƙare da makarantu a birane da dama.

Mutuwar zauren ba ta zo da hayaniya ba. A 1944 gwamnatin tarayya ta aza haraji mai nauyi, kashi 30 cikin ɗari da farko, kafin a rage zuwa 20, a kan wuraren da ake haɗa abinci da abin sha da rawa. Riƙe makaɗa goma sha biyar ya zama asara. Sabon salon jaz ya koma na zama a saurara, talabijin ta zaunar da mutane a gida, matasa suka bi wani kiɗan. Idan kiɗa ya sauya dole rawa ta sauya. Aka rufe Savoy a 1958, aka rushe ta aka gina gidajen haya.

To, shin karin maganar da na ɗora a kan wannan muƙala ta dace da su ɗari bisa ɗari? Da na fara rubutu na ɗauka haka ne, amma rayuwar Frankie Manning ta sa na ja baya kaɗan. Ya yi yaƙi a yankin Fasifik, ya dawo ya kafa ƙungiyarsa, kasuwa ta mutu, a 1955 ya shiga aikin gidan waya. Shekara talatin yana can, mafi yawan abokan aikinsa ba su san wane ne shi ba. Kura ana jan ta ne da sarƙa a kai ta dandali, shi kuwa babu wanda ya ja shi zuwa Savoy. A hirarrakin da aka yi da shi da tsufansa, abin da ya fi maimaitawa shi ne daɗin da suka ji, da cewa a ƙofar Savoy ba a tambayar launinka, iyawarka kawai ake dubawa. Kuɗin ya tafi wani wuri, wannan gaskiya ne, kuma bai kamata daɗin da suka ji ya zama hujjar wanke waɗanda suka kwashe ba. Amma akwai abin da matar daren Alhamis ta ɗauka ta koma da shi gidan aikinta wanda Arthur Murray bai iya zanawa ya aika ta gidan waya ba. Malcolm X ma, wanda ya yi gogen takalma a wani zauren rawa na Boston yana saurayi, ya kuma tuba daga wannan rayuwa bayan ya musulunta, da ya zo ba da tarihinsa bai iya ɓoye yadda Lindi ta taɓa kama shi ba.

A tsakiyar shekarun 1980 wasu matasa daga Kalifoniya da Suwidin da Ingila, waɗanda suka ga irin guntun fim ɗin da na gani, suka shiga neman ko akwai sauran masu rai cikin mutanen. Aka sami lambar Manning, aka buga. Da farko ya ce shi ma'aikacin gidan waya ne, ya daina rawa. Suka nace. Yana da shekara saba'in da 'yan kai ya koma koyarwa, ya zagaya duniya, ya sami lambar yabo ta Tony a 1989 saboda tsara rawa a wani wasan Broadway. Duk bazara yakan je wani ƙauye a Suwidin mai suna Herräng, inda ɗaruruwan Turawa ke taruwa su koyi takun Lenox daga bakinsa. Mafi yawan ɗalibansa na wannan zagaye farare ne, jikokin Harlem kuwa sun riga sun ƙirƙiro wasu raye-rayen suna can suna yi a titunan Bronx.

Ya ɗauki al'adar duk ranar haihuwarsa ya yi rawa da mata adadin shekarunsa, ɗaya bayan ɗaya. Ta shekara 85, a 1999, a Roseland aka yi ta, zauren da a ƙuruciyarsa ba a barin irinsa su shiga. Ranar 26 ga Mayu, 2002, ranar da ya cika 88, shi da Norma Miller, wadda ita ma tana cikin takwas ɗin nan masu kayan barori, suka buɗe wani allon tunawa a titin Lenox, a gefen gidajen hayar da suka maye gurbin zauren. Ya rasu a Afrilun 2009, saura wata ɗaya ya cika shekara 95.